Hukuncin kai hukumar sufuri ƙara kotun ma'aikata

Tambaya: Assalamu alaikum, Allah gafarta Malam. Ni direba ne a hukumar sufurin jiharmu. Birki ya tsinke mini a hanya, mota ta daki gada, alhali na sha kai ƙorafin birkin wurin bakanike. Aka yi ta yankar albashina da sunan gyara, daga baya aka sallame ni babu ko sisi. Ina so in je kotun ma'aikata, amma wani ɗalibi ya ce mini wannan kai ƙara ne wurin ɗagutu. Ya halatta? Kuma me zan iya karɓa?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗan'uwa, ya halatta ka je, babu laifi a kanka.

Direba mai albashin wata shi malaman fiƙihu ke kira ajir khass, wato ɗan ƙwadagon da aka ɗauka don lokacinsa. Motar amana ce a hannunsa, ba ya biyan abin da ya lalace sai an tabbatar da sakaci ko ƙetare iyaka, kamar gudun wuce sa'a ko tuƙi cikin maye. In dai yadda ka faɗa ne, yankan albashin nan cin dukiyarka ne ba bisa haƙƙi ba. A hadisin ƙudusi da Bukhari ya ruwaito daga Abu Huraira, Allah ya ce shi ne abokin husumar mutum uku ranar ƙiyama, cikinsu har da wanda ya ɗauki ɗan ƙwadago, ya gama morarsa, ya hana shi ladansa. Kasancewar mai hanawar hukuma ce bai sassauta komai ba, akwai masu sa hannu a takardun.

Shi kuwa ɗalibin, ya yi gaggawa. Aya ta 60 a Suratun Nisa'i, wadda ta ambaci kai ƙara wurin ɗagutu, wato mai hukunci da saɓanin shari'ar Allah, tana zargin wanda ga shari'ar Allah a gabansa, ya juya mata baya don ya fi son wata. Kai ba ka da wannan zaɓin. Tun gyaran tsarin mulkin Nijeriya na 2010, sashe na 254C ya keɓe rigingimun aiki ga Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ita kaɗai, ko alƙalin kotun shari'a ka kai wa, ba huruminsa ba ne. Wanda ya bi ƙofa ɗaya tilo don karɓo abin da Musulunci ya riga ya ba shi, haƙƙinsa ya nema. Da za a rufe wannan ƙofa, da azzalumai sun sami gonar da ba shinge.

Fara da sulhu ta hannun ƙungiyarku, ita ma kotun tana da sashen sasanci. Sai dai kada ka bari a yi ta ja maka rai da "dawo gobe", ga lauya da wuri, domin akwai ƙararrakin da lokaci ke kashewa. Tattara takardar ɗaukarka aiki, takardun albashi, da duk inda aka rubuta ƙorafin birkin.

Abin da ya halatta ka karɓa: albashin da aka riƙe, abin da aka yanke, kuɗin sallama da fansho, da kuɗin da ka kashe na gaske wurin bin shari'ar, tunda taurin bashinsu ne ya jawo. Idan aikinka irin wanda doka ta kafa sharuɗɗansa ne, kotu na iya mayar da kai ta sa a biya ka watannin da ka yi a gida. Wannan ma halal ne, domin irin wannan ma'aikaci yana cancantar lada da miƙa kansa ga aiki, ko da an ƙi sa shi.

Inda za ka kiyaye shi ne kuɗin ruwa. Lauyoyi sun saba cusa kashi kaza cikin ɗari a kan kuɗin har ranar biya. Ƙari ne kan bashi saboda jinkiri, riba ce haramtacciya. Ka ce wa lauyanka ya cire. In kotu ta riga ta yanke maka shi, ware shi ka ba mabukata ba da niyyar sadaka ba.

Kuma kada ka ƙara ko ƙwayar zarra a labarin. In akwai gangancinka a hatsarin, faɗe shi. Hadisin Ummu Salama ya nuna wanda aka yanke wa haƙƙin ɗan'uwansa saboda iya baki, guntun wuta aka yanko masa. Wallahu a'alam.