Tambaya da Amsa: Zan iya kai iyalina kallon beyar girizili a bakin tekun Kanada?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne a Vancouver, shekarata biyu ke nan a nan tare da mai ɗakina da yaranmu biyu, babban shekara 12 ƙaramar shekara 6. Kullum ina cin karo da tallan masu ɗaukar mutane a kwalekwale su kai su kallon beyar ɗin nan da ake kira girizili a daji, ba a gidan zu ba. Ni dai abin ya shiga raina amma uwargida ta ce atafau ba inda za ta kai 'ya'yanta dabba ta cinye mata su. Don Allah akwai haɗari a ciki? Wane wata ya fi, ina ya kamata mu je, kuma kuɗin da ake kashewa ana ganin abin da ya kai shi?

Amsa: Wa alaikumussalam ɗan'uwa. To da farko dai ka gaida min uwargida ka ce mata tsoronta yana kan hanya, domin dabbar nan ba abar wasa ba ce. Namijin da ya ƙoshi a bakin teku yana iya haura kilo 300, kuma duk da wannan tulin jiki idan ya zabura yana gudun da ya kai kilomita 50 a awa, wato ko ɗan tseren da ya fi kowa a duniya ba zai tsere masa ba balle ni da kai. Sai dai kuma abin da take hangowa a ranta, wato ku shiga kurmi da ƙafa ku yi kiciɓis da shi, ba shi ne ake yi a wannan yawon ba sam.

Yadda abin yake shi ne kwalekwale mai inji zai ɗauke ku da sassafe ya kutsa da ku cikin irin dogayen mashigin tekun nan da duwatsu suka saka a tsakiya, ku yi kamar awa biyu kuna tafiya, in an isa bakin kogi inda ruwan daɗi yake haɗuwa da na gishiri sai a mayar da ku wani ƙaramin jirgin ruwa mai shafaffen ƙasa wanda zai iya shiga wuri mara zurfi, a rage inji ko a kashe shi gaba ɗaya, kowa ya yi tsit. Ku kuna kan ruwa shi yana gaɓa yana harkar cikinsa. A wasu wuraren kuma lokacin da kifin salmon yake hawa koguna mota ce za ta kwashe ku daga inda jirgi ya tsaya ta kai ku wani dandamalin katako da aka ɗaga sama aka kewaye, ku hau a rufe ƙofa ku leƙo kogi daga can.

Abin da ya sa haɗarin yake da sauƙi, kuma nan nake so ka fahimta da kyau don shi za ka yi wa uwargida bayani, shi ne sabo. Beyar ɗin da ke irin waɗannan wurare ya shekara yana ganin mutane suna zuwa wuri ɗaya, a lokaci kusan ɗaya, su tsaya shiru su koma, ba su taɓa jifansa ba, ba su taɓa bin sa ba, kuma uwa uba ba su taɓa ba shi ko loma ɗaya ba. Sai ya ɗauke ku kamar wani kututture da ke yawo a kan ruwa, ba abin tsoro ba ne ba kuma abinci ba ne. Ranar da wani mai ganin kansa mai tausayi ya jefa masa biredi, ranar lissafin ya lalace, don daga nan zai fara haɗa ƙamshin mutum da abinci ya dinga tunkarar jama'a, ƙarshenta jami'an gandun daji su harbe shi. Shi ya sa za ka ga jagoran yana da tsanani a kan abin da kai kake gani ƙarami ne, kar ka ji haushi in ya ce ka mayar da biskit ɗin yarinya cikin jaka. Kuma tunda mu ne, bari in faɗa tun yanzu, kilishi da dambun nama a bar su a masauki, haka humra da turare mai ƙarfi a haƙura da su na wuni ɗaya, hancin dabbar nan ya fi na kare nesa ba kusa ba.

Wanda ake yawan kawowa a misali in ana maganar haɗari shi ne Timothy Treadwell, Ba'amurken da ya yi damina 13 yana kafa tanti a tsakiyar beyar a gandun Katmai na Alaska yana matsarsu har yana sa musu sunaye, a watan Oktoba na 2003 beyar ya kashe shi tare da budurwarsa. To ka ga wannan shi ne kishiyar abin da nake faɗa maka, mutum ya kwana a kan hanyarsu, ya ƙi ba su tazara, kuma a ƙarshen kaka lokacin da yunwar shirin shiga ramin barcin hunturu take cin su. A Katmai ɗin doka ita ce kar ka matsi beyar ƙasa da yadi 50, a gandayen gwamnatin Kanada kuma shawarar da ake bayarwa mita 100 ce.

Yanzu maganar wata, wadda a gurina ta fi maganar wuri muhimmanci, mutane da yawa nan suke asarar kuɗinsu. Girizili yana kwashe hunturu kwance a rami ba ci ba sha, a can ma macen take haihuwa wajen Janairu zuwa Fabrairu, ɗan da ake haifa bai fi rabin kilo ba, abin mamaki. Saboda haka daga Nuwamba har wajen Afrilu kar ma ka ɓata lokacinka. Daga tsakiyar Mayu zuwa Yuni suna saukowa fadamun bakin teku a rame suna kiwon wata ciyawa mai kama da jiji wadda sabon tohonta yake da gina jiki, za ka rantse saniya ce ke kiwo, kuma lokacin ne ake ganin uwa da 'yan ƙananan 'ya'yanta, lokacin ne kuma na barbara. Idan ruwan teku ya janye sai su bi gaɓa suna kifar da duwatsu suna cin ƙaguwa da ƙananan halittun da ke maƙale a ƙasa. Na taɓa zama kusan minti 40 ina kallon wata uwa tana sa hannu ɗaya ta mirgine dutsen da ƙarti biyu sai sun yi nishi kafin su ɗaga, ɗanta na bayanta yana kwaikwayo da wani ɗan mitsitsin dutse, ya tura ya faɗi ya tashi ya sake, ba wanda ya ce uffan a jirgin sai ƙarar kyamara da ƙarar dutse a kan dutse da ke zuwa mana ta kan ruwa. Wannan janyewar ruwan ita ce dalilin da ya sa lokacin tashin jirgi yake canzawa, wani lokaci a ce ku fito tun ƙarfe 7, ba mugunta ba ce.

Daga ƙarshen Agusta zuwa tsakiyar Oktoba kuma kifin salmon yake barin teku ya hau koguna don ya saka ƙwai a inda aka ƙyanƙyashe shi, nan ne ake samun hoton da ka gani a talla, beyar tsaye cikin ruwa yana cafkar kifi. Lokacin cin su ba ƙaramin ci ba ne, kitse suke tarawa na wata biyar ko shida, in kifi ya yi yawa ma sai ka ga sun ci fata da ƙwai da ƙwaƙwalwa sun yar da saura. Ragowar da suke ja cikin kurmi su bari ita take ruɓewa ta zama taki ga manyan itatuwan wurin, masu bincike sun gano sinadarin da ya fito daga teku a jikin itatuwan bakin kogunan. Amma ka sani shekara ba ta zama ɗaya, wata shekarar kifin ya yi ƙaranci ko ya makara, beyar ɗin ma sai su watse. Tsakiyar Yuli zuwa farkon Agusta a kudancin gaɓar kallon yakan ɗan ragu don sukan shige daji cin 'ya'yan itace, ana ganin su amma ba kamar sauran lokutan ba.

Wurare kuwa, tunda kana Vancouver mafi sauƙi gare ka shi ne ka tsallaka Tsibirin Vancouver a feri, daga Horseshoe Bay zuwa Nanaimo bai kai awa biyu ba, ka tuƙa arewa zuwa Campbell River ko ka ƙara gaba zuwa Telegraph Cove. Abin dariyar shi ne tsibirin kansa ba mazaunin girizili ba ne, baƙin beyar ne ya cika shi, sai dai jefi-jefi wani ya yi iyo ya tsallako, don haka jiragen komawa suke yi ɓangaren babban yankin ƙasa. Daga Telegraph Cove ana zuwa Knight Inlet, wurin da ake kira Glendale Cove, daga Campbell River kuma ana zuwa Bute Inlet da Toba Inlet, ƙasar kabilun Homalco da Klahoose, kuma mutanensu ne suke karɓar baƙi su yi musu jagora a can. Ni ina son wannan tsarin don kuɗin yana shiga hannun masu ƙasar na asali, kuma labarin da za ka ji daga bakinsu ba irin na takarda ba ne. In kana da hali da lokaci akwai Khutzeymateen can arewa kusa da Prince Rupert, wanda a 1994 ya zama wurin farko da Kanada ta keɓe musamman don kare girizili, can ba a barin 'yan kallo su taka ƙasa, daga kan ruwa kawai ake kallo, kuma lokacinsa Mayu zuwa Yuli ne. Lardin Birtish Kolombiya, inda duk waɗannan wurare suke, gaba ɗaya ana ƙiyasta yana da girizili wajen 15,000, kuma tun Disamba 2017 gwamnatin lardin ta hana farautarsu, in ban da haƙƙin gargajiya na kabilun asali.

Alaska ma akwai, Brooks Falls a Katmai inda a watan Yuli suke jeruwa a kan gangaren ruwa kifi na tsalle yana faɗa musu a baki, da McNeil River inda sai an yi ƙuri'a kuma mutum 10 kacal ake bari a rana. Can sukan kira na bakin teku beyar mai ruwan ƙasa su bar sunan girizili ga na cikin tudu, amma jinsi ɗaya ne, abinci ne ya bambanta girmansu. Sai dai wannan sai da bizar Amurka da ƙananan jirage masu sauka a kan ruwa, kuɗin ya ninka, ga ɗalibi mai iyali ban ba ka shawara ba. Ku kalli na Brooks Falls kyauta ta kyamarar da ke nuna shi kai tsaye a intanet, ita ma uwargida ta fara sabawa daga kan kujera.

Kuɗi dai ba zan ɓoye maka ba, yawon wuni ɗaya ɗaruruwan dalar Kanada ne a kan kowane mutum, masaukan da ake kwana biyu ko uku a cikin daji kuma dubbai ne. Ku huɗu ka ga ba ƙaramin abu ba ne, ga feri ga mai ga otal na aƙalla dare biyu don ba za ka iya zuwa ka dawo a rana ɗaya ba. Kafin ka biya ka kira su ka tambaya mutum nawa suke ɗauka a jirgi, jagoransu yana da takardar horo ta kallon beyar, me suke yi in iska ta hana fita, kuma in ba a ga komai ba fa. Duk wanda ya rantse maka cewa dole za ka gani kuma zai kai ka dab da shi, ka riƙe kuɗinka. Sannan babbar tambaya a gare ka ita ce shekarun yara, domin kamfanoni da dama suna da ƙa'idar mafi ƙarancin shekaru musamman a dandamalin lokacin kifi, ɗan shekara 12 ba matsala amma 'yar shekara 6 ana iya cewa a'a. Ko an yarda ma ka tambayi kanka ko za ta iya wuni na awa takwas ko tara cikin sanyi da girgizar ruwa kuma a ce ta yi shiru lokacin da abin ya fi daɗi. Ni da ni ne zan zaɓi watan Yuni, kallo daga jirgi, uwargida ta ga ruwa ne tsakaninta da shi hankalinta ya kwanta, a hanya kuma sau da yawa ana cin karo da kifin whale da mikiya mai farin kai, yara ba za su gaji ba.

Ku tafi da rigunan sanyi a jera ɗaya kan ɗaya da rigar ruwa ko da gari ya waye da rana, don yankin kurmin ruwan sama ne, da hula da safar hannu, da maganin jiri ga wanda teku ke juya wa ciki a sha kafin a hau. Ka ari madubin hangen nesa in ba ka da shi, kyamarar waya za ta nuna maka ɗigo ne kawai mai ruwan ƙasa. Feshin barkonon korar beyar ba sai ka saya ba, yana hannun jagora. Abincin rana yawanci su suke bayarwa kuma sanwici ne da akan sa naman alade a ciki, saboda haka tun ranar da kake biyan kuɗi ka ce musu na kifi ko na ganye kuke so, kar sai kuna tsakiyar ruwa a buɗe kwali.