Tambayoyinku Kan Fasaha: Fasasshiyar Manhajar Bincike da Shaidar Kotu

Tambaya: Wayata tana zafi sosai idan tana caji. Mene ne maganin? (Daga Gusau)

Amsa: Ka daina kallon bidiyo tana jikin wuta, ka cire mata riga, ka kuma jefar da cajar ɗari biyar ɗin nan.

Tambaya: Ina gyaran waya a Kano. Wani aboki ya turo min Cellebrite UFED, manhajar ciro bayanai daga waya, wadda aka fasa, ba ta neman lasisi. Wani lauya yana so in ciro saƙonnin da aka goge a wayar wanda yake karewa, zai kai kotu. In yi da ita?

Amsa: Kada ka yi, ɗan'uwa. Wannan tambaya tana tayar min da hankali duk lokacin da ta zo, domin ba kai kaɗai za ka cutu ba.

Aikin bincike gaba ɗaya ya tsaya ne a kan abu guda: a tabbatar cewa abin da aka ciro bai canza ba. Shi ya sa ƙwararru ke ɗaukar lambar tantancewa irin SHA-256, wadda ke canzawa da zarar an taɓa bayanin. To wanda ya fasa manhajar nan ya shiga cikinta ya yi taɓe-taɓe, ba ka san abin da ya cire ko ya dasa ba. Sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 yana buƙatar a nuna cewa na'urar da ta fitar da bayanin tana aiki daidai. Ranar da ka tsaya gaban alƙali, lauyan ɗaya ɓangaren zai tambaye ka da wace manhaja ka yi aikin, ina lasisinta. Ko ka yi ƙarya bayan ka rantse, ko ka amsa da bakinka cewa ka keta Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022. Shi kuwa bawan Allahn da ya dogara da saƙonnin nan, wataƙila gaskiyarsa ce za ta salwanta.

Ta asalin ma ba ta tsira ba. A 2021 kamfanin manhajar aika saƙonni ta Signal ya nuna cewa fayil guda da aka shirya aka ajiye a waya zai iya sa manhajar Cellebrite ta sauya rahotonta. Masu lasisi suna samun gyara, fasasshiya ba ta samu.

Sai batun amana. Irin waɗannan manhajoji sukan ce ka kashe rigakafin kwamfutarka kafin ka saka su, kai kuma sai ka kashe, sannan ka jona wayar da ke ɗauke da hotunan iyalin mutane da saƙonnin bankinsu. In suka fita, Dokar Kare Bayanai ta 2023 tana jiranka. Masu kawo muku wayar matansu a ɓoye kuwa, ku sallame su: shiga na'urar wani ba izini laifi ne a dokar laifukan intanet ta 2015.

In koyo kake so, manhajojin bincike na Autopsy da FTK Imager kyauta ne, halal ne, da su nake sa kowa ya fara, ko da yake ba za su buɗe maka kullalliyar waya ba. Wannan wayar dai a sa ta a yanayin jirgi, a daina latsa ta, lauyan ya nemi ƙwararre mai lasisi.

Tambaya: Na goge filashina bisa kuskure, hotunan biki na ciki. (Daga Maraɗi)

Amsa: Kada ki sake ajiye komai a kai. Ki sauke PhotoRec, manhajar dawo da abin da aka goge, kyauta ce, ki adana abin da ta dawo da shi a kan kwamfuta.