Tambaya da Amsa: Tiyon Famfo da Ranar Arewa

Wata uwa daga Marwa ta rubuto: "Malam, sau uku ke nan tiyon da ya taso daga mita zuwa tsakar gidana yana fashewa. Marayu nake riƙo, kuɗin gyara ya fi ƙarfina. Ko hannu aka sa mini?"

Hajiya, kwantar da hankalinki, babu hannun kowa. Ɗauko guntun da ya fashe ki dubi jikinsa. Idan ba ki ga an buga PN10 ko PN16 ba, wato alamar ƙarfin ruwan da tiyo zai iya ɗauka, to mai yiwuwa tiyon zubar da ruwan wanka aka sa miki a matsayin na famfo. Wannan cuta ta daɗe tana ci mini tuwo a ƙwarya. Launinsu kusan ɗaya, amma na kwata siriri ne, ba a yi shi don ƙarfin ruwa ba. Mai gyara ya karɓi kuɗin mai kauri, ya sayo mai araha, ya gasa bakinsa a wutar kwali ya cusa, ya rufe da ƙasa kafin ki fito daga kicin. Gobe ya tsage, ya dawo ya naɗe da robar tayar babur, ya sake karɓar na goro. Kuma duk abin da ya tsiyaye bayan mita, ke hukumar ruwa ta Camwater za ta kawo wa takarda. Ki tura ɗanki shago da kansa, ya sayo baƙin tiyon PEHD mai zuwa a naɗe. A haƙa rami mai zurfin wajen santimita 60, a shimfiɗa yashin kogi ƙasa da sama. Idan ƙasarku karal ce mai darewa da rani ta kumbura da damina, kada a ja tiyon ya miƙe sar, a bar masa ɗan lanƙwasa.

Wani daga Garwa: "In na bar tiyon roba na PVC a fili na shafa masa fenti fa?"

Inda ya hau bango, farin fenti zai taimaka. A ƙasa kuwa, zafin Afrilu ya wuce digiri 40, ga jakuna, ga amalanke. Binne shi.

Daga Kuseri: "Maƙwabcina ya ce santimita 10 ta isa, don a samu sauƙin tono."

Za a samu, har akuya ma za ta tono. Inda mota ke bi a ƙofar gida ma, sai ka zura tiyon cikin wani babba na ƙarfe kafin ka rufe.