Kafin CapCut, da me ake tace fim?

Tambaya: Malam, ina tace bidiyon bukukuwa da CapCut a wayata. Wani dattijo ya ce mini a da can da almakashi ake wannan aiki a Hollywood. Gaskiya ne? Su wa ke yin sa? (Mai karatu daga Zariya)

Amsa: Gaskiya dattijon ya faɗa maka, ɗan'uwa. Alamar almakashi da kake gani a manhajojin tace bidiyo gadon wancan zamani ce.

Lokacin da manyan kamfanoni irin su MGM da Paramount ke juya akalar fim a Amurka, daga shekarun 1920 zuwa na 1950, fim dogon zare ne mai ɗauke da jerin hotuna, mai faɗin milimita 35. Bayan shigowar sauti a 1927 aka tsaya a kan hoto 24 a kowace daƙiƙa, wato ƙafa 90 na zare a minti guda. Edita zai yanke, ya kankare bakin zaren, ya shafa gam ya manne. Guntayen da ya cire sai ya rataye su, don gobe ana iya cewa a maido. Zaren kuma kamar fetur yake wajen kama wuta.

Wadda ta fi burge ni a wannan sana'a ita ce Margaret Booth. A 1915 ta fara aiki a kamfanin darakta D. W. Griffith tana liƙa zaren fim, aikin da a lokacin ake bar wa 'yan mata saboda ana ganin kamar ɗinki ne. Babu na'urar kallo a gabanta. Zaren take ja ta tsakanin yatsunta, tana ƙirga hotuna kamar mai bin kiɗa, har ta gane inda ya kamata a yanke. Sai a 1924 Iwan Serrurier ya fito da Moviola, injin da ya ba edita damar kallon fim yana tafiya a ɗan ƙaramin gilashi. Daga 1939 zuwa 1968 Margaret Booth ce shugabar editocin MGM, fim ba ya fita sai ya bi ta hannunta, har takan sa a sake ɗaukar wata fitowa. Ka tuna a tsarin nan edita ma'aikacin kamfani ne mai albashi, darakta kuwa sau da yawa ya riga ya koma wani fim, ya bar furodusa da edita su ƙarasa. An ba Margaret Booth lambar yabo ta Oscar ta girmamawa a 1978, ta rasu a 2002 tana da shekara 104.

Akwai wata ɗabi'ar editocin wancan zamani da nake roƙonka ka ɗauka. Ba sa taɓa asalin fim, wato nagatif, sai an gama shawara. A kan kwafi suke yanke-yankensu, daga baya a bi lambobin da ke gefen zaren a yanka asalin sau ɗaya tak. Haka CapCut ma yake dogara da ainihin bidiyon da ke wayarka. In ka goge shi don neman wuri kafin ka fitar da aikin, kana iya buɗewa ka tarar da giɓi. Kwafe shi a memori ko kwamfuta tukuna. In kuma za a turo maka bidiyo ta WhatsApp, ka ce a turo shi a matsayin fayil, don turawar da aka saba tana matse hoton ta rage masa kyau.