Tambaya da Amsa: Wai mece ce "strippergram", in saka kuɗina ko kar in saka?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam, da fatan kana lafiya, ya iyali ya aiki. Ni ma'aikaciya ce a wani gidan kula da tsofaffi a nan Ingila, ban daɗe da zuwa ba. Manajanmu zai yi ritaya ƙarshen wata, shi ne abokan aiki suka buɗe guruf a WhatsApp ana karo-karo kowa fam biyar wai za a saya masa kati da kek, sai wata a cikinsu ta rubuta wai a ɗauko masa strippergram, kowa ya hau tura alamar dariya, ni ma na tura tawa don kar a ga kamar an bar ni a baya. To gaskiya Malam ban gane ba. Na ɗauka wata manhaja ce irin su Instagram da Telegram, amma yadda suke dariyar nan jikina bai ba ni ba, kuma ina jin nauyin tambayarsu. Don Allah mece ce ma'anarta, kuma in saka kuɗina ko kar in saka? Ƙanwarka, daga Ingila.

AMSA: Wa alaikumus salam ƙanwata, Allah ya yi wa aiki albarka. Jikinki bai yi miki ƙarya ba, riƙe fam biyar ɗinki tukuna ki ji.

Ba manhaja ba ce, ba a sauke ta a waya. Strippergram saƙon gaisuwa ne da ake biyan kuɗi a aika wa mutum a gaban jama'a, amma wanda zai kawo saƙon, mace ce ko namiji, yana cikin isar da shi yana rawa yana cire kayan jikinsa ɗaya bayan ɗaya. Wani lokaci a tsaya a kayan ciki, wani lokaci a wuce nan, ya danganta da kamfanin da kuma abin da masu biya suka ce a yi. Kalma biyu aka haɗa, stripper wato mai sana'ar rawar tuɓe kaya, da kuma gram da aka gutsuro daga telegram. Za ki ga an rubuta ta kala-kala, strippergram, stripogram, strip-o-gram, stripagram, duk kanwar ja ce, kar bambancin rubutun ya ruɗe ki.

Yadda abin yake tafiya kuwa, ba wai mai kawo saƙon za ta shigo a matsayin 'yar rawa ba ne, a'a, da ɓad-da-kama ake zuwa, kuma nan ne wai daɗin abin yake a wurinsu. Ana zaune a mashaya ko ɗakin cin abinci na ofis ana yanka kek sai ga mace ta shigo da kayan 'yan sanda, hula da ankwa da ɗan littafin rubutu, fuska a murtuke ta ce ina wane, a nuna shi, ta ce ana tuhumarka da laifi kaza, shi kuma bawan Allah cikinsa ya ɗuri ruwa yana tunanin me ya yi, ta zaunar da shi a kujera a tsakiyar ɗaki ta karanto 'yar waƙa da aka tsara da sunansa da 'yan sirrikansa waɗanda abokansa suka tsegunta wa kamfanin, sai a kunna kiɗa, daga nan hula ta fara tafiya. In mace ce ake wa bikin sai a turo namiji da kayan ɗan kwana-kwana ko na ɗan sanda. Akwai na kayan nas, akwai ma na kayan sistocin coci don dai a ƙara tsokana. Duka bai fi 'yan mintuna ba an gama, ta miƙa masa kati, a ɗau hoto, ta kwashe kayanta ta wuce wani wurin da ake jiranta.

Abin da nake so ki riƙe shi ne, ba mai tuɓewar ce abin kallo na gaskiya ba, wanda aka aika wa saƙon shi ne abin kallon. Fuskarsa ake kallo, yadda kunnuwansa za su yi ja, yadda zai rasa inda zai sa idonsa da hannuwansa, abokai na ta ihu suna ɗauka a waya. Wato kuɗi aka tara aka sayo masa kunya. Shi ya sa ake yin sa a daren da abokan ango ke masa bankwana da gwauranci, da na ƙawayen amarya, da cikar shekara 18 ko 21 ko 40, da irin naku na ritaya ko barin aiki.

To ina ruwan telegram da wannan tsiya? Tarihin yana da daɗi, bari in ɗan ja ki baya. Telegram shi ne saƙon tangarahu, wanda tsofaffinmu ke ce wa an bugo waya, kuma daga nan ne ma muka samu sunan gidan waya, don a can ake zuwa a buga. Kalmar daga Girkanci take, tele nesa, gramma rubutu. Samuel Morse, ɗaya daga cikin waɗanda suka ƙirƙiro na'urar tangarahu, ya aika shahararren saƙonsa daga Washington zuwa Baltimore a 1844, kalmar telegram ɗin kanta ta bayyana a Amurka a 1852. Da yake kowace kalma kuɗi ce, ba a buga waya a kan shirme, sai abu ya kai ya kawo, haka ya sa mutane suka riƙa faɗuwar gaba in sun ga ɗan aiken kamfani a ƙofa, don sau da yawa labarin rasuwa ne ko na haɗari.

Wani jami'in hulɗa da jama'a na Western Union, kamfanin tangarahu na Amurka a wancan zamanin, mai suna George Oslin shi ya so ya wanke wa telegram wannan baƙin jinin. Ranar 28 ga Yulin 1933 wani masoyin mawaƙin nan Rudy Vallee ya aika masa saƙon murnar ranar haihuwa, sai Oslin ya sa wata ma'aikaciyar kamfanin, Lucille Lipps, ta kira shi a waya ta rera masa saƙon da waƙa maimakon a kai masa takarda. Daga nan aka samu telegram mai waƙa, abu ya karɓu, har ya zama ana turo ɗan aike ya tsaya a ƙofar gida ya rera. Western Union sun dakatar da nasu a 1974, amma ƙananan kamfanoni suka ɗauka suka ci gaba, kuma kin san ɗan kasuwa, kowa na neman abin da zai fi na maƙwabcinsa jan hankali. Sai aka fara sa wa ɗan aiken kaya. Aka yi gorillagram, mutum ya shiga rigar goggon biri ya kawo saƙo yana tsalle. Aka yi kissogram, wadda za ta karanta saƙon ta ƙare da sumbatar mutum. Daga sumba zuwa tuɓewa kuwa ba nisa, wajen ƙarshen shekarun 1970 zuwa farkon na 1980 strippergram ta fito, kuma shekarun 1980 su ne ganiyarta a Amurka da Birtaniya. Abin dariyar ma, a 1982 aka daina aika telegram na cikin gida a Birtaniya, wato uwar tana mutuwa 'ya'yan banzan da ta haifa suna tashe. Western Union ma sun aika na ƙarshe a Janairun 2006.

Kuma ba ki yi wauta ba da kika tuna Instagram, danginsu ɗaya ta wajen suna, don da aka ƙirƙiro ta a 2010 daga instant camera, wato kyamara mai fitar da hoto nan take, da telegram aka haɗa sunan. Ita kuwa manhajar Telegram ta 2013 sunan kakan gaba ɗaya ta ɗauka. Dangantakar a suna ta tsaya.

Batun yadda ake amfani da kalmar, tunda kina cikinsu gara ki iya jin ta da kyau. Tana nufin abu biyu. Tana nufin hidimar kanta, kamar a ce they sent him a strippergram, wato sun aika masa da ita, ko a ce book ko hire, wato a yi oda a biya. Tana kuma nufin mutumin da ke yin aikin, kamar a ce she worked as a strippergram, wato sana'ar da ta yi ke nan. Jam'inta s kawai ake ƙarawa. Ba zagi ba ce, ba ashar ba ce, za ki iya ganinta a ƙamus da jarida, amma kalmar hira ce da barkwanci, ba wadda za ki sa a takardar aiki ba. Kuma ta tsufa, in matashin Bature ya ji ta abin da zai zo masa a rai shi ne zamanin iyayensa, yanzu yawanci stripper kawai za su ce in da gaske suke. Wannan ne ma ya sa nake kyautata zaton wadda ta rubuta a guruf ɗinku zolaya take, irin ta a ce ku dubi wannan dattijon mai sanƙo ku ƙiyasta yadda zai yi. Turawan Ingila suna da wannan halin, su faɗi abu fuska ba dariya alhali wasa suke. Amma zato ne fa, ban ga guruf ɗin ba, akwai wuraren da har gobe ana yi.

Kar kuma ki ce duk inda kika ji stripper to iskanci ne. Masu wayarin suna da ɗan ƙarfen fere waya da ake kira wire stripper, masu fenti suna da ruwan kankare tsohon fenti, paint stripper. In kika ji mai gyaran wuta a wurin aikinku yana cigiyar stripper ɗinsa kar ki yi salati, kayan aikinsa yake nema.

Wani zai ce to mu ina ruwanmu. Ai tushen abin, wato a biya wani ya kai wa mutum gaisuwa a bainar jama'a, ba baƙonmu ba ne, mun sayi katin zaɓi-sonka an gaishe mana da 'yan'uwa a rediyo, yanzu kuma ga masu shirya safurayis a Kano da Kaduna da Abuja, a zo wa yarinya har ofis ko makaranta da kek da balan-balan da mai busa saksafon, ita kuma tana rufe fuska ƙawaye na ɗauka a waya. Wannan jikan telegram mai waƙa ne sak. Sai dai don Allah masu wannan sana'a, na san ku da son sunan Turanci mai daɗin faɗi a shafukanku, kar wani ya ga kalma ta ƙare da gram ya ce ta yi kyau ya manna wa kasuwancinsa ba tare da ya bincika ba, ranar da wani ya fassara wa surukinka sai ka gwammace kiɗa da karatu.

Mu dawo kan fam biyar ɗinki. Ni dai shawarata kar ki saka sai kin san me za a saya da shi, kuma tambayar ba abin kunya ba ce. Ki samu wadda take tara kuɗin ke da ita, ba a cikin guruf ba, ki ce mata kina son ki sa hannu a katin da kek ɗin, amma maganar strippergram ɗin nan wasa ne ko da gaske. Ina da yaƙinin dariya za ta yi ta ce haba wasa ne, shi ke nan sai ki miƙa kuɗinki hankali kwance. In kuma ta ce da gaske ne, ki ce mata wannan ba naki ba ne, za ki saya masa kati naki na daban, ba sai kin yi wa'azi ba ba sai kin ɓata rai ba. A can in mutum ya ce abu kaza ba nawa ba ne yawanci ana ƙyale shi, kuma ina tabbatar miki ba ke kaɗai ba ce abin bai kwanta wa ba, akwai Turawan da ke cikin guruf ɗin da suka tura alamar dariyar nan don dai a zauna lafiya kamar yadda kika yi.

Sannan doka tana bayanki. Dokar daidaito ta Birtaniya ta 2010 ta hana duk wani abu mai alaƙa da batsa da zai sa ma'aikaci ya ji an ci mutuncinsa ko an mai da masa wurin aiki wurin takura, ba sai an taɓa jikinki ba, a tilasta miki kallo ma ya isa. Daga watan Oktoban 2024 kuma an ƙara ɗora wa masu ɗaukar aiki nauyin su ɗauki matakin hana irin wannan tun kafin ya faru, kuma liyafar da ta shafi aiki tana iya shiga ciki ko da a waje aka yi ta. Shi ya sa da wuya ki ga wata ma'aikata mai hankali ta bari an yi wannan a harabarta yanzu, balle gidan kula da tsofaffi inda mazauna suke da danginsu masu zuwa ziyara. In a mashaya za su yi bayan an tashi aiki, ki gaisa da manajan da rana, ki ba shi katinki ki yi masa fatan alheri, da yamma ki kama hanyar gidanki.

Alamar dariyar da kika tura kuwa ki bar ta a inda take, goge ta yanzu shi zai sa a fara tambayar me ya faru.