Ruwan rijiya ya soma wari da damina

Malam, ka ce tun saukar damina rijiyarku a Tawa take wari, yara kuma suna zawo. Allah ya ba su lafiya. Fara auna tazararta da masai. In ba ta kai mita 30 ba, ƙazanta na iya tsattsafowa ta ƙarƙashin ƙasa. Duba bakinta ma: kashin dabbobi, dagwalon wanki, gugan da ake yarwa ƙasa. Mu gugan ne ya cuce mu bara.

Kada hasken ruwa ya ruɗe ka, alam da ake sa wa ruwa don ya washe laka kawai yake kwantarwa. A tafasa, ko a sa Aquatabs, ƙwayar maganin da ke kashe ƙwayoyin cuta a ruwan sha. Amma tafasawa ba ta cire maganin ƙwari, in kusa da lambu kuke sai ma'aikatan tsabta sun gwada ruwan. Yaron da zawonsa ya koma kamar ruwan shinkafa, a garzaya da shi asibiti yau, alamar kwalara ce.