Amsar Maigida Kan Yadin Oganik

Ka tambaye ni ko yadin da ake rubuta wa oganik ya cancanci ƙarin kuɗin da ake ɗora masa, da abin da za ka faɗa wa kwastoma in ya nemi shawararka.

To yaro, kalmar nan labarin gona take bayarwa. Auduga ce da aka noma ba takin zamani, ba feshin maganin ƙwari na sinadari, ba irin da aka sauya wa ƙwayar halitta, kuma galibi sai gonar ta yi shekara 3 a haka kafin a amince da ita. Amma kafin ta iso teburinka an kaɗa ta, an saƙa, an wanke, an rina. Nan ne ake yawan ɓata ta, domin abin da ke sa fata ƙaiƙayi yawanci rini ne da sinadarin hana yamutsewa.

Don haka ka duba tambari. Na GOTS, wato ƙa'idar duniya ta tantance yadin oganik, shi ne mai nauyi, don yana bin yadin har masaƙa da wurin rini. In ya ce oganik kai tsaye, aƙalla kashi 95 cikin 100 na zaren ke nan. In ya ce an yi shi da oganik, kashi 70. Ka nemi lambar lasisi a jikinsa. Wani tambarin, OCS, zaren kawai yake tabbatarwa, tambarin OEKO-TEX kuma gwajin sinadarai masu cutarwa ne, bai ce komai kan noma ba. Ƙona zare zai raba maka auduga da roba, amma ba zai nuna maka yadda aka noma ta ba.

Ƙarko kuwa daga tsawon silin audugar da saƙa yake zuwa. Gajeren sili shi ke sa riga yin gashi da ƙulle-ƙulle bayan 'yan wanki. Ɗaga yadin ga haske, ka ja shi ta kusurwa ka ga ko zai koma. Goga farin ƙyalle mai laima ka ga ko rinin na zuba. Kada ka sa almakashi sai ka wanke, domin audugar da ba a tsuke ta a masana'anta ba takan shige da kashi 3 zuwa 5.

Kayan jarirai, kayan ciki da zanin gado, ni ina ba da shawarar a saya in tambarin na gaskiya ne. Rigar sama da ba ta taɓa fata, ka sa kuɗin kwastoma a saƙa mai kyau.